A tuna mana da Alƙalin Alƙalai Ademola

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon ɗan fili a jaridarku mai farin jini in yi maganar wani bawan Allah da na ga ana neman mantawa da shi, wato Sa Adetokunbo Ademola, ɗan ƙasa na farko da ya hau kujerar Alƙalin Alƙalan Najeriya.

Jikana ne ya tayar da maganar. Yana ajin ƙarshe a sakandare, burinsa ya zama lauya. Muna zaune a zaure bayan la'asar na ce ya lissafo mini manyan alƙalan ƙasar nan. Ya kawo Dahiru Musdapher, don ɗan Ɓaɓura ne, namu na gida. Ya kawo Aloma Mukhtar, mace ta farko a kujerar. Na ce to kafin su fa? Sai ya ce, "Kaka, ba a koya mana ba." Abin ya tsaya mini a rai, domin ni a magatakardar kotun yanki na yi aikina har na yi ritaya, kuma sunan Ademola daga bakin alƙalan da na yi wa rubutu na fara jin sa.

An haife shi a Abeokuta a 1906, ɗan sarki ne, mahaifinsa shi ne Alake na ƙasar Egba. Ya yi karatu a Kambirij, ya zama lauya a Landan a 1934, ya dawo ya bi matakala tun daga majistare. A 1958 ya karɓi kujerar daga hannun Bature, ya riƙe ta shekara 14, har 1972. A zamaninsa aka kafa makarantar horas da lauyoyi a Legas, wadda yanzu take da reshe a Bagauda, kuma a zamaninsa, a 1963, aka daina kai ƙara Landan, Kotun Ƙoli ta zama ƙarshen magana.

Amma abin da ya sa nake ganin girmansa shi ne shari'ar Lakanmi. Gwamnatin soja ta Jihar Yamma ta kafa kwamitin binciken dukiya, aka ɗora hannu a kan kadarorin wani mutum mai suna Lakanmi da 'yarsa. Suka je kotu. Ana cikin shari'a sai gwamnatin tarayya ta fito da doka mai lamba 45 ta 1968, ta tabbatar da ƙwacen, da sunayensu a ciki. A watan Afrilu na 1970, wata uku kacal da gama yaƙin basasa, lokacin da ba mai iya ɗaga ido ya kalli soja, Kotun Ƙoli ƙarƙashin Ademola ta ce wannan doka ba ta da tushe. Hujjarta ita ce mai yin doka ba alƙali ba ne, ba zai kama sunan mutum ya yanke masa hukunci ba tare da an zauna an saurare shi ba. Gwamnatin Gowon ba ta jira ba, a watan Mayu ta kafa doka mai lamba 28 ta 1970 ta shafe hukuncin. Ademola ya san da wa yake yi, amma bai haɗiye maganar ba.

Na ga ƙaramin irin wannan da idona. Wani dattijo ya taɓa shigo mana kotu, ƙafarsa duk ƙura, an ce fadamar da ya gada an ba wani mai hali, har da takarda da hatimi, ba wanda ya kira shi. Ya kwance wata leda daga aljihun 'yar shara, ya baje tsofaffin rasit na haraji a kan teburina, hannunsa na rawa, yana lissafa maƙwabtan iyaka da tsamiyar da ke kusurwar gabas. Da yamma aka aiko wa alƙalinmu saƙo cewa ya bar maganar. Ya ce shi sai ya ji kowane ɓangare. Muka je gonar da rana tsaka, aka bi layin gamba, shaidu suka yi rantsuwa, dattijo ya samu abinsa. Kafin kaka aka yi wa alƙalin canjin wurin aiki. Ranar da yake ɗaure littattafansa ne ya ba ni labarin Lakanmi.

Ba na cewa Ademola bai da abin faɗa. Shi ya shugabanci hukumar ƙidayar 1973 da ta jawo ce-ce-ku-ce har Murtala ya soke sakamakon a 1975. A rubuta wannan ma, kowa ya auna.

Roƙona, Malam Edita, ku ware shafi ɗaya ku kawo tarihinsa da Hausa, tare da bayanin shari'ar Lakanmi yadda manomi zai gane. Ya rasu tun 1993, kuma irinmu da suka ji labarin daga bakin alƙalai muna ta ƙarewa. In kun buga, zan sa a sayo mini kwafi biyu daga Ringim, ɗaya na jikana, ɗaya kuma a karanta a majalisarmu ta ƙofar masallaci.

Naku,
Tsohon magatakardar kotu,
daga ƙasar Ringim, Jihar Jigawa.