Mamot ba kakar giwa ba ce

Malam Edita,

Salamu alaikum. Ni malamin bayoloji ne a wata makarantar sakandare a Sakkwato, kuma shafinku na kimiyya ya sha rage mini wahala a aji. Amma na makon jiya kam ya ja mini aiki. Wata ɗaliba ta zo da shi a naɗe cikin littafinta, ta shimfiɗa a kan teburina, ta ɗora yatsa ƙarƙashin hoton giwar nan mai gashi buzu-buzu, wato mamot, inda kuka rubuta wai ita ce kakar giwayen yau, kuma daga ƙasar ƙanƙara zuriyar ta gangaro. Ta ce, "Malam, ai ba haka ka faɗa mana ba." Gaskiyarta.

Mamot 'yar'uwa ce, ba kaka ba. Binciken ƙwayoyin halitta ya nuna ita da giwar Asiya ɗakinsu ɗaya, tamu ta Afirka kuwa 'yar wani ɗakin ce. Ragowar mamot ma sun rayu a tsibirin Wrangel da ke arewacin Rasha har zuwa kimanin shekara 4,000 da suka wuce, lokacin an riga an gina dalar Giza, giwaye kuma na ta karya itace a dazuzzukanmu. Hatta mamot ɗin farko a Afirka aka tono ƙasusuwanta, masu shekara kusan miliyan 5. Daga baya ne ta yi arewa ta yafa gashi.

In asali ake nema, sai a nufi Maroko, mahaƙar fosfat ta Ouled Abdoun, inda ake tono dutsen takin zamani. A 1996 aka bayyana wata dabba daga can, Phosphatherium, wadda nauyinta bai wuce na ɗan akuya ba. A 2009 masani Emmanuel Gheerbrant ya bayyana wadda ta girme ta, Eritherium, mai shekara kusan miliyan 60, kilo uku zuwa takwas kacal. Ba haure, ba dogon hannun nan na giwa. Da na faɗa wa yara, wani daga bayan aji ya ce ashe ba a garin wani kaɗai giwa take zomo ba, har a gidan ubanta. Na bar su suka yi dariyarsu.

Mai karatu zai ce, to da me aka gane dangin giwa ce? Da haƙori. Nama ya ruɓe, ƙashi ya farfashe, amma matauni yakan jure har ya zama dutse, kuma kowane gida da irin tsarin tauninsa. Na mamot da na giwa kunya-kunya ne a jere kamar gonar da aka yi wa huɗa, don niƙa ciyawa. Na mastodon kuwa, wata dabba mai kama da giwa da ita ma ta ƙare, tulluwa ne bibbiyu kamar nonuwa, na tauna ganye da rassa, shi ya sa Bafaranshe Georges Cuvier ya raɗa masa sunan da ke nufin haƙori mai nono. Jaridu kan haɗa mamot da mastodon a tukunya ɗaya, alhali gidajensu sun rabu da shekaru miliyoyi masu yawa.

Su kansu masanan sukan yi gyara, ba ku kaɗai ba. Moeritherium da Charles Andrews ya bayyana a 1901 daga Fayum ta Masar, gajera mai dogon jiki da ke kiwo cikin ruwa kamar dorina, an daɗe ana zana ta a littattafan makaranta a matsayin uwar gidan gaba ɗaya. Yanzu an mayar da ita reshe na gefe da ya ƙare ba magaji. Cikin masu rai kuwa, makusantan giwa su ne ayu na cikin Binuwai da kuma rema mai ɓuya a kogon dutse, abin da ɗalibaina har yau suke karɓa da gatsine.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na Togo. A 2021 aka sanar da Dagbatitherium daga mahaƙar fosfat ta Dagbati, kuma matauni ɗaya tak aka samu, amma ya ishe su gane dangin giwa ce ta shekara fiye da miliyan 40. Mu ma nan Dange da Shuni muna da fosfat, ragowar tsohon tekun da ya taɓa rufe wannan yanki. Duk lokacin da na bi ta hanyar nan sai na riƙa tunanin abin da ake watsarwa cikin tsakuwa.

Ina roƙon ku gyara rubutun ƙasan hoton nan a fitowa ta gaba. In da fili, ku sa hoton mataunin Togo kusa da na mamot. Ɗalibar ta ce za ta duba.

Naku mai karatu,
Wani malamin makaranta, Sakkwato