Koken magina da masu awon ƙasa ga Mai Martaba Lamiɗon Garwa kan awon igiya a bakin gari

Zuwa ga Mai Martaba Lamiɗon Garwa,
ta hannun Sarkin Hausawa.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Allah ya ja zamanin Lamiɗo, ya ƙara wa fada daraja.

Bayan gaisuwa da ban girma, mu ne talakawanka magina, da masu awon ƙasa, da masu haƙar rijiya, da direbobin manyan motoci daga cikin Hausawan Garwa ta ƙasar Kamaru. Kukanmu a kan gonakin bakin gari ne, waɗanda ake ta yankawa ana sayarwa da awon igiya, ba a fitar da hanya ba, ba a bar wa ruwa mafita ba. Mai gona zai ɗauko igiya ya auna mita 15 a 20, ya kafa turaku, ya karɓi kuɗinsa, maƙwabcinsa ma ya yi haka. Abin da ya rage tsakanin katanga da katanga shi ake kira hanya. Wani wurin mita 3 ne, wani wurin ko amalanke ba ta iya juyawa, balle motar kashe gobara ko ta ɗaukar mai naƙuda.

Ranka ya daɗe, Garwa garin auduga ne, ga masana'antar gurza, ga matatsar mai, ga masaƙa, kuma duk inda inji ke kuka mutane za su yi ta tururuwa neman abinci. Shi ya sa muke roƙon a ba mu dama mu kawo labarin wani garin auduga da ya riga mu shiga wannan hali, wato Mancesta ta Ingila, wadda yaranmu suka sani da ƙwallo kawai.

A 1801 mutanen Mancesta ba su kai 100,000 ba, amma zuwa 1851 sun haura 300,000. Masaƙu suka jeru a unguwar Ancoats da bakin kogunan Irwell da Irk da Medlock, masu fili kuwa suka yi ta cusa gidajen ma'aikata a gindin bututun hayaƙi, domin lebura ya isa aiki da ƙafa. Irin ginin da suka fi yi shi ne gida biyu su jingina baya da baya: bango uku a toshe, ƙofa da taga ta gaba kaɗai, iska ba ta ratsawa. Gidaje da yawa su haɗu a kan masai ɗaya a tsakar fili, ƙazanta da ruwan rini duk su gangara kogi. A 1832 kwalara ta shiga garin. Sai a 1844 hukuma ta hana sake gina irin waɗannan gidaje, bayan an riga an gina dubbai.

Gyaran ya ci musu shekaru da dukiya. Tun da sun ɓata ruwan da ke ƙofarsu, dole suka gina madatsu a kwarin Longdendale daga 1848, da hakan bai isa ba suka jawo ruwa daga tafkin Thirlmere, tafiyar kilomita kusan 150, ya iso a 1894. A wannan shekarar suka buɗe matatar ruwan ƙazanta ta Davyhulme da kuma babbar hanyar ruwa mai kilomita 58 da ke kawo jiragen ruwa har cikin gari. A bakin wannan hanya, daga 1896, aka keɓe filin Trafford Park wa masana'antu. Nan ne suka fara yin abin da ya kamata tun farko: a shata wuri, a kai masa hanya, sannan a yi gini. Daga baya suka shirya unguwar Wythenshawe a kudancin gari, gidaje masu fili da itatuwa, sai dai ta yi nisa da wuraren aiki, kuma mazaunan farko sun daɗe suna kukan rashin kantuna. Mafi muni shi ne Hulme, inda aka rushe tsohuwar unguwa aka kafa dogayen benaye a 1972, ba su yi shekara 25 ba aka sake rushe su. Saboda haka, ranka ya daɗe, ba rusau muke nema ba. Inda aka riga aka zauna, a lallaɓa. Maganarmu a kan ƙasar da har yanzu dawa da gyaɗa ke kanta ce.

Dokar tsara birane ta Kamaru ta 21 ga Afrilu 2004 ta hana gini a wurin da ambaliya ke ci, ta kuma ce sai da izini ake yanka fili fuloti-fuloti. Amma kafin takarda ta kai ofis, cinikin ya riga ya faɗa a gaban lawan ko jauro, wato masu sarautar gari da unguwa, da shaidu, an sha hannu. Ikon wannan mataki a hannun fada yake. Muna roƙon a umarci lawanai da jaurawa kada su sa hannu a takardar sayar da fili a sabuwar unguwa sai an fitar da hanyoyi an kafa musu duwatsun siminti, ba turakun itace da gara ke cinyewa ko a tsige da dare ba. Babbar hanya ta sami mita 20, ta tsakiya 12, lungu kada ya gaza 8. Faɗin motar auduga mita biyu da rabi ne. Biyu su gifta juna, a cire lambatu dama da hagu, a bar wa mai tafiya da ƙafa da turakun wuta wurinsu, to mita 12 ta ƙare ke nan.

Mun san inda gizo ke saƙar. Hekta ɗaya murabba'in mita 10,000 ce, idan aka yanka ta kaf za ta ba da fuloti 33 masu murabba'in mita 300. In aka cire kashi 30 cikin 100 domin hanya, da filin makaranta, da masallaci, da 'yar kasuwa, fuloti 23 za su rage. Mai gona zai ce an cuce shi goma. Sai fada ta nuna masa cewa fulotin da mota ke isa ƙofarsa ba kuɗinsa ɗaya da na ƙuryar lungu ba, kuma a raba asarar a kan duk masu gonakin yankin, kada hanya ta cinye gonar mutum ɗaya.

Batun ruwa shi ya fi damunmu. Milimita ɗaya ta ruwan sama a kan murabba'in mita ɗaya lita ɗaya ce. Rufin kwano mai murabba'in mita 100, in aka yi ruwa na milimita 50, abin da ba baƙo ba ne a watan Agusta, zai zubo da lita 5,000, wato duro 25. Da gona ce ƙasa ta shanye rabonta. Yanzu kwano ne da daɓen siminti, duk indararo ya juya lungu. Wanda ya tsaya a irin wannan lungu bayan ruwa zai ga yadda ya zama ƙaramin mayo, wato rafi: ya kwashe ƙasar gindin katanga har tubalin tushe ya fito fili, kowa ya jera buhunan yashi a ƙofarsa yana tura wa na ƙasa da shi, masai ya cika ya tumbatso, rijiya na nan taku goma daga wurin.

Lambatu daga mafita ake fara shi, a hauro sama. Kuskuren da aka saba shi ne kowane maigida ya gina na ƙofarsa da zurfin da ya ga dama, wannan santimita 40, wancan 70, ruwa ya kwanta a tsakani ya zama gidan sauro. A ɗauki awon gangare na layin gaba ɗaya tukuna, a ba shi saukar santimita ɗaya a kowace mita, in ƙasa ta yi shafe sosai kada ta gaza rabin haka, in ba haka ba yashi zai zauna. A lungu faɗin santimita 60 ya wadatar, na babbar hanya kuwa sai an lissafa yawan hektocin da ke zubo masa. Kankaren ya sami buhu 7 na siminti mai kilo 50 a kowace mita mai cika, wato tsawo da faɗi da zurfi mita ɗaya-ɗaya. Wanda ya rage ya sa 5, damina kaɗan gefen zai fara zubewa. Murfin ya zama mai ɗaguwa, kwalbati kuma kada bakinta ya gaza santimita 80, domin ƙarama leda da yashi ke toshe ta kuma ba mai iya shiga ya yashe. Yasar lambatu a watan Afrilu ake yin ta, kafin ruwan farko. Masai ya nisanci rijiya da mita 30, ya kasance ta gangare da ita, ramin kuma ya tsaya aƙalla mita ɗaya da rabi sama da inda ruwan ƙasa ke kaiwa da damina, ba da rani ba.

Dattawan bakin Binuwai sun san inda ruwa ya tsaya a ambaliyar 2012, shekarar da madatsar Lagdo da ke kan kogin ta cika aka saki ruwa. Muna roƙon a zaga da su tun suna da rai a kafa ginshiƙai masu jan fenti a kan wannan iyaka, abin da ke ƙasa da ita ya zauna wa shinkafa da lambu da kiwo.

Sai wurin sababbin masana'antu. A Mancesta iska ta fi tasowa daga kudu maso yamma, sai masu hali suka ƙaura kudu suka bar wa talaka hayaƙi. Mu iskarmu biyu ce: hunturu daga arewa maso gabas, ta damina daga kudu maso yamma, don haka duk unguwar da ta faɗa kan wannan layi da masana'anta za ta sha ƙurar auduga wata shida. A duba wannan kafin a ba da fili, a bar tazara a dasa dogon yaro layi-layi, a kuma fitar wa manyan motoci hanyarsu da wurin kwana, kada su riƙa ratsa ƙofar makaranta.

In Mai Martaba ya amince, muna roƙon a haɗa zama ɗaya a fada da lawanai, da masu gonaki, da ma'aikatan magajin gari kafin damina ta sauka. Za mu zo da na'urar awon gangare da ma'aikatanmu, mu shata unguwa ɗaya da fada ta zaɓa ba tare da kuɗin aiki ba, siminti da rodin duwatsun iyaka kaɗai za a nema.

Allah ya ƙara wa Lamiɗo lafiya da nasara.

Mu ne talakawanka,
magina, masu awon ƙasa, masu haƙar rijiya da direbobin manyan motoci na Hausawan Garwa.