Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga Shugaban Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano

Assalamu alaikum ranka ya daɗe, ya aiki ya jama'a.

Yallaɓai maganar masu kiɗan fim ce ta kawo ni, wato kiɗan nan da ke tashi ƙasa-ƙasa a bayan sin, in an yi rasuwa ko ɓarawo na haura katanga. Tun fim ɗin Turmin Danya a 1990 Kannywood take tafiya amma har yau mai wannan aikin kamar ba ya cikin sana'ar, sau da yawa edita ne zai gama yanka fim ya leƙa intanet ya sauko da sautin wani fim ɗin waje ya manna, sai ka ga uwa zaune a tsakar gida kusa da murhu tana kukan ɗanta amma abin da ke tashi kiɗan fadar Turkiyya ne, haba dan Allah.

Tunda mu Kanawa da fim ɗin Indiya muka tashi, a duba A.R. Rahman, mai yi wa finafinan Indiya kiɗa. A Madras aka haife shi a 1967, babansa ya rasu yana ɗan shekara 9, hayar kayan kiɗan baban suka dinga bayarwa suna cin abinci. Da fiyano ya fara yana bin manyan makaɗa, ya koma kiɗan talla, kafin fim ɗin Roja a 1992 ya fito da shi, a 2009 kuma ya ɗauki kyautar Oscar biyu da fim ɗin Slumdog Millionaire. Kuma fa abin da ya ɗaga shi bai yar da na gida ba ne, zai ɗauko tabla da sarewa da salon ƙawali na sufaye ya haɗa da kwamfuta, kana ji ka san ƙasar da ya fito. Har makarantar kiɗa ya buɗe a garinsu a 2008.

To mu me muka rasa? Ga kalangu ga gurmi ga kukuma ga algaita, kukuma ita kaɗai ta isa ta sa mutum hawaye, yaranmu na situdiyoyin Zoo Road kuma wallahi sun iya fiyano, kuɗin da furodusa ke ba su ne ko na man janareto bai kai ba.

Roƙona ranka ya daɗe, tunda kowane fim ta hannunku yake bi, a sa dole a rubuta sunan wanda ya yi kiɗan, in na wani aka ɗauko a nuna izini. Sannan ku haɗa kai da Hukumar Tarihi da Al'adu a tara tsofaffin makaɗa da yaran situdiyo ko a Gidan Ɗan Hausa ne, a naɗi sautin kayan nan a ajiye, kowane edita ya samu.

Allah ya taimake ka, ya yi riƙo da hannayenka.

Naka,
wani mai kallo daga Fagge