Mutumina, naira hamsin ce ta tona min asiri

Salamu alaikum mutumina, ya Alƙahira, ya karatu, ya madam da yara? Nasan kana jin haushina, tunda kayi min ta'aziyyar Baba ban ƙara nemanka ba sai ɗan "lafiya lau" a WhatsApp. To yau dai na zauna in baka labari don abin ya daɗe yana cina.

Ranar da Baba ya rasu wallahi ko ɗigon hawaye banyi ba. Ni ne babba, ni na shiga wajen wanka, ni na zauna karɓar gaisuwa a ƙofar gida kwana uku cur, kowa yazo sai yace kai wannan akwai dauriya, ni kuma har wani daɗi nake ji a raina. Kasan dai yadda aka tashe mu, ka faɗi a filin ƙwallo gwiwa tana jini ana ce maka dalla tashi kai ba namiji bane. Haka na tafi wata uku, abu ya tokare min ƙirji kamar lomar tuwon da taƙi wucewa, barci sai biyu ko uku na dare, abinci ma turawa kawai nake.

Sai wata Laraba na hau adaidaita daga Kabuga zuwa Kantin Kwari, na sauka na miƙa kuɗi yaron yace bashi da canjin hamsin. Hamsin fa mutumina, ko biredi bata saya! Ban san sanda na cakumi wuyan rigarsa ba, ina zage-zagen da rabona da su tun muna sakandare, mutane suka taru ana Alhaji lafiya, Alhaji lafiya. Wani dattijo mai goro ne ya kama hannuna, bai ce min yi haƙuri ba, cewa yayi zauna tukuna sannan kayi magana. Ya zaunar dani a bencinsa ya miƙo min fiya wata. Ina zama jikina ya hau rawa, kawai sai kuka, a tsakiyar kasuwa, ƙato dani. Yaron nan kuma yana tsaye yana miƙo min hamsin ɗin da ya aro a wajen mai lemo, ya rasa ma me zai ce.

Daga baya na tuna ai hadisin Abu Zarri ne dattijon yayi aiki dashi, wanda yake cikin Abu Dawuda, in ɗayanku yayi fushi yana tsaye ya zauna, in bai tafi ba ya kwanta. Mun haddace shi a Islamiyya amma ko sau ɗaya ban taɓa gwadawa ba. Wanda yafi tsaya min ma shi ne ranar rasuwar Ibrahim ɗan Manzon Allah (SAW), idanunsa suka zubar da hawaye har Abdurrahman bin Auf yayi mamaki, yace masa wannan rahama ce, ido yana hawaye zuciya tana baƙin ciki amma ba ma faɗin komai sai abinda Ubangiji ya yarda dashi. To ni waye da zan ce nafi ƙarfin kuka?

Ƙanwata ƴar karatun likita da na bata labari dariya ta fara yi min, ƴar rainin hankali, sannan ta kawo min zancen wasu masana a Amurka, James Gross da Robert Levenson, a 1993 suka nuna wa mutane bidiyon yadda ake yanke hannu a tiyata, wasu akace su ɓoye ƙyamar kada a gani a fuskarsu. Fuska kam ta ɓoye, amma na'ura ta nuna jikinsu ya ƙara tashi, kuma ƙyamar tana nan daram bata ragu ba. A 1998 Gross ya sake gwadawa, wannan karon wasu yace su kalli abin ta fuskar aiki kawai, irin kallon da likita zai masa, su ne ƙyamar ta ragu musu kuma jikinsu bai ɗau zafi ba. Tace yaya kai danne wa kake, murfi ka sa a tukunya wuta na ci. Na rasa bakin musu.

Yanzu dai in naji abin ya taso, kunnuwana ne suke fara zafi, sai in nemi waje in zauna, in ajiye waya don na sha tura saƙon da nake da-na-sani, in da hali inyi alwala. Ranar Juma'a kuma ina zuwa maƙabarta, in hawaye yazo in barshi. Ba wai na zama waliyyi bane, shekaranjiya ma sai da na daka wa yara tsawa akan rimot.

Kai fa ya kake yi a can in abu ya dameka, ba ƴan uwa ba majalisa? Dan Allah ka bani amsa ta gaskiya, banda "alhamdulillah" ɗin nan naka mai rufe zance. Yaron adaidaitan kuwa har yau ina duba shi in na biyo ta Kabuga, ban samu na bashi haƙuri ba, kuma duk kekunan ruwan ɗorawa ne ban riƙe lambar ba.

A gaida madam, a shafa min kan yara.

Naka har kullum.