Zuwa ga ɗana, a kan maganar motar nan

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fatan kana lafiya, kai da mai ɗakinka da yara. Na zaɓi in rubuto maka ne domin maganar ta fi ƙarfin waya.

Daren Laraba mun kalli shirinku, mahaifiyarka ta jawo kujerarta har gaban talabijin ta hana kowa motsi. Na ji daɗin sharhin da ka yi a kan ƙarancin ruwan sha a cikin birni, da yadda ka riƙe harshenka lokacin da abokin muhawararka ya harzuƙa. Sai dai washegari bayan sallar asuba wani ya ja ni gefe ya ce an ga sabuwar mota a ƙofar gidanka, kuma ana raɗe-raɗin wani ɗan siyasa ne ya aiko maka da makullinta. Tun ranar ban yi barcin kirki ba.

Ban sayar da filin nan na biya maka karatu a Jami'ar Bayero don ka zama sojan baka ba. Ka san su sarai, yau su wanke mutum tas, gobe in an rufe musu aljihu su zage shi har iyayensa. Duk ranar da ka karɓa, bakinka ya tashi daga naka, kuma mutanen da ke zaune a teburin mai shayi suna kallonka za su gane tun kafin ka kai aya.

Kana cewa tsorona ya yi yawa, to ni na ga 10 ga Yuli, 1981 da idona. Na ga hayaƙi yana tashi daga gidan Rediyon Kano, kuma a ranar aka kashe Dokta Bala Muhammad, mai bai wa Gwamna Abubakar Rimi shawara kan siyasa. Wanda ya yi magana don aƙida ke nan, ina ga wanda ya yi don mota? In gari ya rikice, wanda ya biya ka yana bayan katanga da masu gadi, kai kuwa fuskarka kowane ɗan daba ya haddace ta, kuma an san layin gidanka. Ashe ba ka tuna da yaran nan ba?

Wataƙila ƙarya ake yi maka, Allah Ya sa haka ne, domin ban taɓa kama ka da kwaɗayi ba tun kana ƙarami. In kuwa gaskiya ne, ka mayar musu da abarsu. Ka zo ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, ka faɗa mini da bakinka. Mahaifiyarka ba ta san komai ba tukuna. Allah Ya yi maka albarka.

Mahaifinka.