Horon sanin makamar aiki: ina ɗan ƙauye zai sa kansa?

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in yi magana a kan horon sanin makamar aiki da ake tura ɗaliban manyan makarantu, wanda a takarda ake kira SIWES, yara kuma suke ce masa IT. Ni malamin firamare ne da na yi ritaya, ina zaune a ƙauyenmu a ƙasar Haɗeja, kuma da yake ana ganin na ɗan san boko, duk yaron da ya dawo daga makaranta da takardar neman gurbi, ƙofar gidana iyayensa ke turo shi. Na rubuta wasiƙun roƙo masu yawa a 'yan shekarun nan, na kuma ga inda yaran suka ƙare. Abin da na lura da shi shi ne, wannan horo yana da tasiri sosai a kan samun aiki da kuma albashin da yaro zai fara da shi, amma wurin da ɗan ƙauye zai yi horon ba ƙoƙarinsa a aji ne ke zaɓa masa ba. Abu biyu ne ke zaɓa masa: inda zai samu makwanci, da kuma wanda mahaifinsa ya sani.

Asalin shirin ba shi da aibu. An kafa hukumar ITF, wato asusun gwamnatin tarayya na horar da ma'aikatan masana'antu, a shekarar 1971, hedikwatarta tana Jos, ita kuma ta ƙirƙiro SIWES a 1973, shekarar da gwamnatin Janar Yakubu Gowon ta fara shirin yi wa ƙasa hidima. Dalilin shi ne kukan da masu masana'antu suke yi cewa ana yaye ɗaliban da suka san lissafin inji a allo amma ba su taɓa riƙe sifana ba. Sai aka tsara cewa ɗalibin jami'a a fannonin injiniya da kimiyya da makamantansu zai yi wata 6 a wurin aiki, na kwalejin kimiyya da fasaha ya yi wata 4, sannan mai ƙaramar difloma ya ƙara shekara guda cur kafin a karɓe shi karatun babbar difloma. A zamanin da masaƙu da majemu da kamfanonin roba suke aiki dare da rana a Bompai da Sharaɗa da Challawa da ke Kano, gurbi bai zama abin tashin hankali ba. Yau da yawa daga cikin waɗannan masana'antu sun rufe saboda matsalar lantarki da kwararowar kayan waje, makarantu kuwa sai ƙaruwa suke yi. A Jigawa kaɗai akwai Jami'ar Tarayya ta Dutse, da Jami'ar Sule Lamido da ke Kafin Hausa, da kwalejojin kimiyya da fasaha a Kazaure da Dutse da Haɗeja, dukkansu suna fitar da ɗalibai neman gurbi kowace shekara.

Bari in ba ka labarin yara biyu, domin gani ya kori ji. Ɗan ƙanena da ɗan maƙwabcina sun karanta fanni ɗaya, injiniyan kayan noma, kuma a sakamakon jarrabawa ɗan ƙanena ne a gaba. Shi ne ma ya samu karɓuwa a wani kamfani a Kano, muka yi ta murna. Da aka zo maganar masauki sai murna ta koma ciki, domin ba mu da kowa a birni da zai iya riƙe shi wata huɗu, mai ɗakin haya kuma ya ce shi kuɗin shekara yake karɓa, ga kuɗin mota kullum, ga abinci. Mahaifinsa ya lissafa, ya ga sai ya sayar da buhunan shinkafar da aka ajiye don cin gida, kuma ko hakan ba lallai ya isa ba. A ƙarshe muka nema masa wani ofishin gwamnati a wani gari da ke kusa, inda zai riƙa zuwa a kan babur ya dawo gida ya kwana.

Na taɓa kai masa ziyara a wannan ofishi wata ranar Talata da hantsi. Na tarar da su su bakwai a kan benci ɗaya a baranda, kowa da wayarsa. Taraktoci biyu suna fake a bayan gini, tayoyinsu sun sace, ciyawa ta fito a ƙarƙashinsu. Aikin da aka ba shi a gabana shi ne ya je bakin titi ya sayo wa wani jami'i ƙosai da ruwan leda. Da wa'adin ya kusa cika sai na same shi a gindin darbejiyar ƙofar gida, da littafin nan da ake ba su don rubuta aikin kowace rana, yana kwafe na wani da ya gama bara, har da zanen injin da bai taɓa ganin an kwance shi ba. Na yi masa faɗa irin na malamin makaranta, sai ya ɗago kai ya ce, "To Baba, me zan rubuta? In rubuta ƙosai?" Ban samu amsar da zan ba shi ba. An sa masa hannu, an buga hatimi, ya kuma ci maki mai kyau.

Shi kuwa ɗan maƙwabcina, ƙanin mahaifiyarsa ne bakanike a wani injin gyaran shinkafa, don haka ya samu gurbi da tabarmar kwana a lokaci ɗaya. Watansa na farko shara ya yi da ɗaukar buhun shanshera. Daga nan aka fara barinsa ya tsaya kusa da injin cire tsakuwa, ya koyi ɗaure bel, ya koyi gane lokacin da robar ɓare ƙaiƙayi ta cinye ta hanyar sauraren ƙarar injin kawai, ya kuma san yadda shinkafa ke kakkaryewa idan ba ta bushe daidai ba bayan an turara ta. Da ya gama ƙaramar difloma, can ya koma ya yi shekararsa guda, kuma kafin ta cika mai injin ya yanka masa albashi domin kada wani ya ɗauke shi. Yau shi ake kira idan inji ya tsaya a garuruwan da ke kewaye. Ɗan ƙanena kuwa ya rubuta takardun neman aiki har ya gaji, yanzu yana taya wani abokinsa zama a shagon cajin waya.

Ba ina cewa duk wanda ya yi horo na gaske sai ya samu aiki ba, domin arziki na Allah ne. Amma duk wanda ya taɓa ɗaukar ma'aikaci ya san cewa takardar shaida ba ta gaya maka ko yaro zai zo aiki da wuri, ko yana da amana, ko zai iya karɓar gyara ba tare da ɓata rai ba. Wata huɗu ko shida na zama tare su ne ke nuna wannan, shi ya sa mai kamfani ya fi son ɗaukar wanda ya riga ya gwada a kan baƙon da ya fi shi sakamako. Sanarwar neman ma'aikata ma kusan kullum tana zuwa da sharaɗin ƙwarewar aiki ta shekara ɗaya ko biyu, wanda kuma ya fito daga makaranta jiya ba shi da abin da zai nuna in ba wannan horon ba. Haka abin yake a wajen albashi. Wanda ya iya aiki yana da bakin cewa a ƙara masa, domin an san in ya tafi za a ji a jika. Wanda bai iya ba, abin da aka miƙa masa shi zai karɓa da godiya. Kuma albashin farko yana bin mutum, tun da in ya sauya wuri tambayar da za a fara yi masa ita ce nawa ake biyansa a inda ya baro. Ta haka ratar da ta fara daga rashin ɗakin kwana na wata huɗu take zama ratar shekaru.

Masu iya magana sun ce mai uwa a gindin murhu ba ya cin tuwo gaya. Ɗan birnin da mahaifinsa ke da aboki a banki ko a kamfanin sadarwa, kiran waya ɗaya ya ishe shi, zai kuma kwana a ɗakinsa ya ci abincin gidansu. 'Ya'yanmu mata su ne abin ya fi shafa. Na san yarinyar da ta karanta kimiyyar gwaje-gwaje, ta samu gurbi a wani babban ɗakin gwaji a birni, amma mahaifinta ya ce ba za ta zauna a gidan da bai san mutanensa ba. Ban ga laifinsa ba, ni ma da 'yata ce haka zan yi. Sai dai sakamakon shi ne ta yi watanninta a wani ƙaramin asibiti tana rubuta sunayen marasa lafiya a kati.

Sai maganar alawus. Shekara da shekaru abin da aka sani ana ba ɗalibin SIWES shi ne naira 2,500 a wata, wato naira 15,000 ga mai wata shida, naira 10,000 ga mai wata huɗu, kuma a ƙa'ida sai an kammala an miƙa takardu ake biya. A tsawon wannan lokaci mafi ƙarancin albashi ya tashi zuwa naira 18,000 a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya kai 70,000 a 2024. Alawus ɗin masu yi wa ƙasa hidima ya tashi daga naira 33,000 zuwa 77,000. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kowa ya san yadda kuɗin mota ya koma. Kuɗin da ba zai kai yaro wurin aiki na mako guda ba, kuma sai bayan ya gama wahalar zai gan shi, ba shi da wani amfani wajen yanke shawarar inda zai je. A ganina ko ba a ƙara ko kwabo ba, biyan kuɗin a farkon horo ya fi biyansa a ƙarshe, in kuma za a ƙara, to a fifita wanda ya bar garinsu.

Akwai wani ɓangare da ba a cika faɗa ba, wato yadda horon ke danne albashin waɗanda suka riga suka gama karatu. Wasu masu wuraren aiki sun gano cewa kowace shekara akwai sabbin masu difloma da dole ne su yi shekara guda kafin su ci gaba, don haka sai su cika kanti ko ofishi da su, ana ba su ɗan abin sayen sabulu, in shekara ta cika a sallame su a kwaso wasu. Haka wasu makarantun kuɗi ke yi da ɗalibai masu gwajin koyarwa da masu yi wa ƙasa hidima. Gurbin da ya kamata a ɗauki cikakken ma'aikaci sai ya zama na 'yan kyauta har abada, yaron da ya yi aikin kyauta bana kuma shi ne zai rasa aikin baɗi saboda ƙaninsa ya maye gurbinsa. Kamfanonin da doka ta shafa suna biyan ITF kashi 1 cikin 100 na jimillar albashin ma'aikatansu a shekara domin harkar horaswa. Tun da akwai wannan alaƙa, ina ganin ba zai gagara ba a riƙa tambayar kowane kamfani ɗalibai nawa ya karɓa, nawa kuma ya riƙe daga cikinsu, a kuma saka wa wanda ya riƙe.

Su ma yaran ba zan wanke su tas ba. Akwai waɗanda da gangan suke neman inda ba za a sa su aiki ba, su je ranar farko da ranar ƙarshe, sauran lokacin suna kasuwa ko suna barci. Abin da ke ba su wannan dama shi ne malamin da ya kamata ya zo duba su sau da yawa ba ya iya kaiwa ƙauye, sai dai a haɗu da shi a gari a sa hannu.

Babban abin da nake so hukumomi da shugabannin makarantu su duba shi ne, wuraren koyon aiki suna nan a karkara, raina su kawai ake yi. Muna da noman rani a kwarin Haɗeja, akwai na Kadawa da Kura a Jihar Kano, akwai injinan gyaran shinkafa manya da ƙanana, akwai masu haƙa rijiyar burtsatse da masu kafa famfon sola a fadamu, akwai masu tace riɗi da zoɓo don fitarwa waje, ga hada-hadar hatsi a Dawanau da ta dabbobi a Maigatari. Ɗalibin lantarkin da ya yi wata huɗu yana bin mai haɗa sola gona-gona zai fito da sana'ar da zai ci abinci da ita ko ba a ɗauke shi aiki ba. Matsalar ita ce yawancin waɗannan masu sana'a ba su da takarda mai tambari ko hatimin ofis, saboda haka yaro yana tsoron kada makaranta ta ƙi amincewa da su, sai ya gudu zuwa benci inda ake da hatimi. Me zai hana kowace makaranta ta tura malamanta su zagaya, su tantance irin waɗannan wurare, su yi musu rajista, su kuma fitar da jerinsu tun kafin lokacin horo? Ƙananan hukumomi 27 na Jigawa da 44 na Kano su ma za su iya kama hayar gida ɗaya ko biyu a Kano da Dutse, na maza daban na mata daban da mai kula da su, domin 'ya'yansu da suka samu gurbi a birni. Kuɗin bai kai na walimar rantsar da shugaba ɗaya ba.

Malam Edita, ina roƙon ka tura wakilinka ya zagaya ofisoshi da masana'antu a lokacin da ɗalibai ke wannan horo, ya buɗe littattafansu, ya tambaye su abin da hannunsu ya taɓa a ranar, ya kuma ji ta bakin masu kamfanoni a kan dalilin da ke sa su riƙe wani su saki wani. Yanzu haka akwai takardun yara uku a kan teburina, biyu maza ɗaya mace, za su fita horo bayan girbi, kuma har yau ban samar wa ko ɗayansu wurin da ya haɗa aiki da makwanci ba.

Na gode da wannan dama da ka ba ni. Wassalam.

Naka,
Malamin firamare mai ritaya,
daga ƙasar Haɗeja, Jihar Jigawa.