Wa Ya Ce Babu Littattafan Yara da Hausa?

Zuwa ga Editan Shirye-shirye,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, kai da abokan aikinka.

Ranka ya daɗe, maganar da baƙonku ya yi a shirin iyali na ranar Asabar ce ta hana ni sukuni har na ɗauki biro. Da bakinsa ya ce wai duk mai son saya wa 'ya'yansa littafin labari a wannan hutu na Disamba ya nemi na Turanci kawai, domin da Hausa babu komai sai littattafan soyayya. Ita kuwa mai gabatarwa ta yi dariya, ta ce haka ne, aka wuce. Wallahi dariyar nan ta fi maganar ƙona mini rai. Gidan rediyon Hausa, shiri da Hausa, masu sauraro Hausawa, a ce an faɗi wannan magana ba a sami mutum ɗaya a ɗakin da zai ce, "Malam, dakata tukuna" ba?

Ni malamar firamare ce mai ritaya, a gaban allo na tsufa, don haka na san abin da nake faɗa. Ina baƙon naku yake lokacin da muke zaune a kan benci muna ɗokin malam ya buɗe Magana Jari Ce? Alhaji Abubakar Imam ya rubuta shi a Zariya tun a shekarun 1930, littafi uku, kuma domin 'yan makaranta aka yi shi tun asali. Marigayi Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya ya tattara tatsuniyoyi da wasannin yara ya fitar da su littafi shida a farkon shekarun 1970, da su na koyar da yaran da yau wasunsu likitoci ne, wasu alƙalai. Kamfanin ɗab'i na NNPC da ke Zariya, ba na man fetur ba, tun 1966 yake buga littattafan Hausa. In kuwa zai ce duk waɗannan na da ne, to a 'yan shekarun nan ma an buga ƙananan littattafan karatu da Hausa, masu hotuna, aka rarraba a makarantun firamare, na shirin koyar da karatu mai suna Mu Karanta a Bauchi da Sakkwato, da na irinsa mai suna RANA a Katsina da Zamfara. Mai waya a hannu kuma zai sami labaran yara da Hausa kyauta a shafin African Storybook. Rashin sani ne ya sa kaza ta kwana a kan dami da yunwa, amma shi baƙonku bai tsaya ga kwanansa da yunwa ba, ya shiga rediyo ya gaya wa duniya cewa damin ma babu shi.

Bari in gaya maka abin da ke faruwa a ɗakina yanzu haka. Jikokina sun zo hutu daga Kaduna. Sanyin hunturun bana ya hana su wasan tsakar gida da dare, ana idar da sallar Isha'i sai su cika ɗakina, kowa da rigar sanyi, leɓe ya sha man kaɗanya, mu kewaye kaskon wuta. Babbansu, ɗan aji huɗu, ya zo da wani kyakkyawan littafin Turanci da uwarsa ta saya masa da tsada, takarda mai sheƙi, bango mai kauri. Na ce ya karanta mana. Ya karanta tsaf, bai yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba, har na ji daɗi. Da ya kai ƙarshe na ce, "To, Abba, me ya faru a labarin?" Sai ya yi shiru yana murza gefen takarda. Can ya nuna mini hoto ya ce, "Hajiya Kaka, wannan farin mutumin mai hancin karas, aljani ne?" Mutum-mutumin dusar ƙanƙara ne fa, irin wanda yaran Turai ke ginawa a ƙofar gida. Yaron nan bai taɓa ganin ƙanƙara ba sai ta firji, ta yaya labarin zai shiga zuciyarsa?

Washegari na buɗe akwatin ƙarfena na ciro tsohon littafin tatsuniyoyina. Bangonsa ya daɗe da tafiya, da salatif na ɗaure bayansa, takardun sun yi ja. Na miƙa masa. Da ƙyar ya fara, domin a makarantarsu ba a koya musu karatun Hausa, yana kiran "ƙ" kamar "k", ƙannensa na yi masa dariya. Amma da ya iso inda Gizo ya dawo gida yana shirga wa Ƙoƙi ƙarya, sai ya kwashe da dariya tun kafin ya ƙarasa layin, ya ma fara kwaikwayon tsamin bakin Gizo ba wanda ya sa shi. Ƙanwarsa 'yar shekara biyar ta tashi tsaye ta ce ita ce za ta ce "ƙurunƙus". Yanzu ko na gaji ba sa barina. Shi da kansa ke zuwa ya ce, "Hajiya Kaka, ga ta nan ga ta nanku," ya buɗe littafin a kan cinyarsa.

Kada a ce ina ƙin Turanci. Na koyar da shi shekara da shekaru, kuma ina son jikokina su iya shi fiye da ni. Ba kuma ina sukar labaran Kirsimeti ba ne. Maƙwabtana Kirista ne, da Hausa suke addu'a a cocinsu, yaransu ma suna shigowa ɗakina jin tatsuniya, su suka fi kowa iya amshin waƙar. Su ma ai sun cancanci a ba su labarin bikinsu a garin da suka sani, mai hazo da ƙura da shinkafa da kaza, ba sai mai dusar ƙanƙara kaɗai ba. Abin da na gani a aji shi ne, yaron da ya fara jin daɗin karatu da harshen da yake mafarki da shi, ba ya shan wahalar ƙaunar littafi a kowane harshe daga baya. Wanda kuwa aka fara shi da haddar kalmomin da bai san ma'anarsu ba, karatu kan zame masa horo.

Gaskiya ɗaya da zan ba baƙonku ita ce littattafan ba sa samuwa cikin sauƙi, sababbi masu hotuna masu launi kuma sun yi kaɗan ƙwarai. Na zagaya shagunan littattafai a kasuwar garinmu kafin yaran su iso. Na Hausa da na tarar, in ba na addini ba, to waɗanda ake jarrabawar sakandare da su ne. Wani mai shago ya ce mini, "Hajiya, ba a nema ne, shi ya sa ba ma kawowa. In na saro sai su yi shekara suna shan ƙura." To ka ga inda ɓarnar shirinku take. Uwa ta ji a rediyon da ta amince da shi cewa babu, ba za ta tambaya ba. Ba ta tambaya ba, mai shago ba zai saro ba. Bai saro ba, kamfani ba zai sake bugawa ba, ga takarda ta yi tsada. Marubucin da ke da niyyar yi wa yara rubutu kuma sai ya ajiye alƙalami ya koma inda ake ciniki. Da dariya ɗaya kun ƙara wa wannan ciwo gishiri, a daidai lokacin da iyaye ke da yara a gida suna neman abin da zai raba su da waya da talabijin.

Ina roƙonka, tun hutun nan bai ƙare ba, ku dawo da shirin ku gyara maganar a fili. Ku kira malamin Hausa daga kwalejin ilimi ko jami'a, ku kira marubuci da mai sayar da littattafai, su faɗa wa iyaye abin da ke akwai da inda ake samu. Ku ware ko minti goma ne da yamma, a sami mai murya ya karanta wa yara labari ɗaya daga littafi, ya faɗi sunan littafin.

Sannan tunda na riga na ɗauki biro: don Allah wa ke tsara muku tallace-tallace? Ana gama shirin iyali, yara na zaune kusa da rediyo, sai mai maganin gargajiya ya shigo yana zayyana cutukan ma'aurata dalla-dalla, da kalmomin da ko a gaban sa'ata ba zan iya maimaitawa ba. Ranar Asabar ɗin nan da gudu na kai hannu na kashe rediyon, ƙaramar jikata tana tambayata me mutumin yake sayarwa. Ku mayar da irin wannan talla can cikin dare, bayan yara sun yi barci.

Na gode. Allah ya ƙara basira.

Taku mai sauraro kullum,
Wata malama mai ritaya, daga Funtuwa